Takardun Ƙarƙashin Burodi

Duk wanda ya tashi a Ketterby a zamanin tsohuwar Sarauniya ya san Dorcas Pennock, amma da wuya ka sami wanda ya taɓa ganinta a zaune. A coci ma gefen benci take ɗosanawa, ƙafa ɗaya na rawa, kamar wadda ta baro tukunya a wuta. Mijinta ya rasu shekara biyu da aure, sai ta dawo ta riƙe gidan ƙanenta Ambrose, malamin makarantar Latin ta garin. Makarantar tana bene, kicin ɗinta yana ƙasa, katako ne kawai tsakaninsu. Shekara talatin yara suna rera karatun Rumawa a bisa kanta, ƙura na zubo mata cikin kwaɓin fulawa, ita kuwa ko kalma ɗaya ba ta ganewa. Abin yana cin ranta ƙwarai, domin ita ta koya wa Ambrose baƙaƙe. Da ya kai shekara bakwai aka hau da shi bene, ita aka miƙa mata ludayi. Ba ta nemi wani abu babba a duniya ba illa ya yarda cewa ita ma kanta yana ja.

Malam Ambrose hanya ɗaya ya sani ta koyarwa, wadda aka bi da shi. Da safe yaro ya juya Latin zuwa Turanci. Malam ya ƙwace littafin. Bayan abincin rana yaro ya ɗauki Turancin nan nasa ya mayar da shi Latin, sannan a gwada da na littafi, tsumagiya ta cike giɓin. Takardar Latin ake adanawa. Ta Turancin kuwa kwando take tafiya, don Malam ya ce Turanci tsani ne, in ka hau sai ka ture shi. Kwandon nan kullum da yamma kicin yake sauka, saboda takarda ake shimfiɗawa a ƙarƙashin burodin nama kada ya manne wa tanderu.

To, zama da maɗaukin kanwa shi ke kawo farin kai. Kafin ta shafa wa takarda mai, sai Dorcas ta karanta, a tsaye, hannu ɗaya na juya miya. Haka ta san yaƙe-yaƙen Rumawa da allolinsu marasa kunya da mutanen da ake mayarwa tsuntsaye da duwatsu, duk a hargitse, yau wutsiya gobe kai. Turancin yaran kuwa abin tausayi ne, ko ƙwai ba za ka iya saye da shi a kasuwa ba. Sai ta riƙa ɓoye masu daɗin a bayan gangar fulawa, tana gyara su a gefe yadda mutum mai rai zai faɗa, tana ɗinke su da zaren buhu.

Labari ɗaya ne ya hana ta sakat. Wata mata ce ta tsaya a bakin kogi tana jiran mijinta da ya tafi yaƙi, shekara da shekaru, har alloli suka ji tausayinta suka sauko. Nan takardar ta ƙare. A makon ne ƙyanda ta shigo gari aka rufe makaranta, da aka buɗe kuma Malam ya wuce zuwa wani dogon jawabin shari'a.

Ta tare shi a wajen cin abinci.

"Ambrose, matar nan ta bakin kogi, ya ta ƙare?"

"Wace mata? Matar mai niƙa?"

"Ta cikin littafinka, sarkin ilimi."

Ya ajiye cokali. "Yaya, sharar makaranta kike karantawa?"

"Sharar ai taka ce. Ka faɗa min, ko ka koya min in karanta da kaina."

"Latin ba na kicin ba ne. Kanki ne zai yi ciwo a banza."

"Kan da ya koya maka karatu kana sharɓar majina?"

"Miyar nan gishiri ya yi mata yawa," in ji shi, ya tashi.

Kwana uku tana sintiri. Ta je gada ta dawo, ta share tsakar gidan da ta riga ta share, ta yi faɗa da mai kawo itace a kan abin da bai kai ya kawo ba. A rana ta huɗu ta fere alƙalami da wuƙar yanka albasa, ta juya bayan takardar, ta rubuta wa matar ƙarshe da kanta.

Bayan shekara biyar Gervase Tolley ya zo jana'izar mahaifiyarsa. Tsohon ɗalibin makarantar ne, wanda ya fi kowa shan tsumagiya, yanzu ya zama magidanci yana cikin 'yan wasan kwaikwayo a London. Ya biyo ƙamshi ya shigo kicin kamar da, ya tarar da ɗinkakkun takardun a kan tebur. Burodin ya huce a hannunsa yana karatu.

"Inna Dorcas, wa ya yi wannan?"

"Ɓeraye. Ajiye min kayana."

"Wallahi a London har dambe ake yi a kan irin wannan. Kowa Rumawa yake so, amma masu ilimin suna rubuta su kamar gawa. Ki ba ni."

Ta ce a'a sau uku. Sannan ta tuna takarda a bayan ganga ba ta da mai karatu sai gara, ta kwafe masa ƙarshen matar bakin kogi a wata takarda, ta yage shafin asalin ta soke a ƙirji, ta tura masa sauran. Shekara huɗu ba wasiƙa, ba saƙo. Duk keken dokin da ya shigo daga hanyar London sai ta fita da fulawa a hannu ta leƙa, ta dawo tana tsine wa kanta.

Ran nan da rani 'yan wasa suka sauka a farfajiyar masaukin baƙi, suka manna sanarwa cewa labarin Rumawa za su yi, na Gervase Tolley. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Malam Ambrose ya ce zai je don ya ƙirga kurakurai, Dorcas ta bi shi.

Wani saurayi da aka sa wa kayan mata ya tsaya a bakin shuɗin zanen da aka shimfiɗa a matsayin kogi. Alloli suka sauko ta tsani, suka ce za su mayar da ita bishiya ta huta da jira. Sai saurayin ya ɗaga kai ya ce:

"Kada ku mayar da ni bishiya, na gaji da tsayuwa. Ku mayar da ni ruwan kogin nan, ko da mai laka ne, in dai zan tafi in ga inda kowa yake tafiya ya bar ni."

Matar mahauci, wadda ko ranar da aka binne mijinta ba ta yi hawaye ba, ta ja gefen mayafi ta rufe fuska. Sai ga Malam Ambrose ya miƙe yana karkaɗa sanda.

"Ƙarya ne! Babu wannan a littafi! Bishiya ta zama, ba a ma tambaye ta ba!"

"Zauna, Malam, nan ba makarantarka ba ce!" in ji wani daga baya.

Haka Dorcas ta ji ƙarshen labarin da ta yi shekara tara tana nema, da ihu, a tsakiyar jama'a. Bishiya. Ba a ma tambaye ta ba. Ta ji wani baƙin ciki ya kama ta, ba ta san ko na matar ba ne ko nata.

A hanyar gida Malam yana ta gunaguni, sai gunagunin ya sauya. Ta lura leɓensa na motsi, yatsunsa na ƙirga gaɓoɓi.

"Amma fa zancen nan ya zauna daidai," ya ce. "Na gaji da tsayuwa. Kai! Wanda ya rubuta wannan ya san Rumawa har cikin ƙashinsu. Gervase! Ashe tsumagiyata ba ta tafi a banza ba."

Dorcas ta ci birki a tsakiyar titi. "Tsumagiyarka? Gervase ɗin da ko uwarsa bai iya rubuta wa wasiƙa ba?"

"To wa ya rubuta, ke?" Ya yi dariya.

Suna shiga gida ta ɗauko shafin nan da ta yage, ta ajiye masa a tebur. A gaba jagwalgwalon wani yaro ne, da tabon mai. A baya kuwa ga maganar matar bakin kogi, da rubutun da ya sani sarai, domin shi ya fara kwaikwaya yana ɗan shekara biyar. Ya karanta sau biyu. Ya ninke takardar, ya haye bene.

Kwana biyu bai yi mata magana ba. Ya ci abinci kansa a sunkuye, ko gishirin miya bai kushe ba, wanda shi ya fi tayar mata da hankali. Ta yi nadama, ta fasa nadamar, ta sake yi. Har ta ɗaure kayanta a zane ta je ta tsaya kusa da keken 'yan wasan, tsohuwa mai shekara sittin da ɗoriya, tana tunanin London. Suka ja dawakai suka tafi tana kallo. Ta dawo ta kwance kayan, ta kwaɓa fulawa, tana dukan kwaɓin kamar shi ya yi mata laifi.

A safiya ta uku karatu ya tashi a sama kamar kullum. Amma kunnen da ya yi shekara da shekaru a ƙarƙashin katakon nan ya san duk karatun makarantar da ka, ko da bai san ma'ana ba, wannan kuwa sabo ne. Gajere ne, yaran suna tuntuɓe a kansa. Sai ta ji sanda ta daki katako sau uku, daidai saitin tanderunta.

"Yanzu ku mayar da shi Turanci," in ji muryar Malam. "Ku ɗaga murya, akwai masu taurin kai a ƙasa."

Baki talatin suka ɗauka tare: kada ku mayar da ni bishiya, na gaji da tsayuwa.

"Malam," in ji wani ɗalibi, "wane marubucin Rum ne ya yi wannan?"

Ta ji Ambrose ya yi gyaran murya sau biyu.

"Ba na Rum ba ne. Daga Turanci na juya shi. Mai shi tana nan da ranta, ita ta koya min karatu, kuma in hancina bai yi ƙarya ba abincin ranarmu take ƙonawa. Wannan takardar Turancin kada in ga kowa ya jefa ta a kwando."

Hancinsa bai yi ƙarya ba, hayaƙi ne ke fitowa ta bakin tanderu. Dorcas ta dube shi. Ta share hannu a zane, ta laluba buhun fulawa da ke bayanta, ta zauna sosai, ƙafafunta biyu a ƙasa. Ta bar burodin ya ƙone, don yaran sun sake ɗaukowa daga farko.