Sunan da Suka Goge

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Talata, tara ga watan Mayu, da hantsi, matarka ta kira ni ta ce Allah Ya yi maka rasuwa. Kafin azahar, waɗanda suka shekara huɗu ba sa ɗaga wayarka sun cika shafukansu da alhini. Hoton da suka saka ma na wani jarumi ne, kai kana gefe, kyamara ta rufe rabin fuskarka.

Yaya Almakashi muke ce maka. Shekara ashirin da biyu kana ɗaukar fim kana tacewa, a ɗakin nan marar taga, kan kujerar da aka ɗaure ƙafarta da waya. A fim ɗina na farko, sau goma sha ɗaya ina maimaita magana ɗaya, ina ɓata ta. Darakta ya ce a sallame ni. Ka ce a ba ka kwana biyu. Ka tsinto kalma nan, kallo can, ka ɗinke su, har aka ce an samu sabuwar jaruma. Da na zo godiya dariya ka yi, ka ce, "Ƙanwata, ki riƙa numfasawa kafin magana, almakashina ya fara dakushewa."

Abin da ban taɓa faɗa a fili ba, yau zan faɗa. Muna aiki a bakin rafi na zame na faɗa ruwa, na fito zanina ya kwance, kyamara tana kunne. Furodusa ya ce a sa wurin a tallar fim ɗin, zai ja kasuwa. A gabansa ka goge shi. Ka ce, "Ranka ya daɗe, 'yar mutane ce, tana da uba."

Fim ɗin ya fito babu sunanka. Da ya ci kyautar ɗaukar hoto, ƙanin furodusa, wanda ko murfin kyamara bai iya buɗewa ba, shi ya hau ya karɓa. Duk wanda ke zauren ya san aikin wane ne, kuma aka tafa. Ni ma na tafa, Yaya, don ina tsoron kada a daina kirana. Daga nan aka baza cewa kana da taurin kai, aiki ya yanke. Mutumin da ya koya wa rabin masana'antar nan yadda ake saita haske ya koma ɗaukar hoton fasfo a shagon surukinsa, hawan jini yana cinsa. Sau biyu na wuce ta ƙofar shagon, kunya ta hana ni shiga.

Jiya a zaman makoki furodusan ya zo da mai ɗaukarsa bidiyo a waya, yana cewa an yi rashin ginshiƙi. Babbar 'yarka ce ta kawo masa ruwa, ba ta san ko wane ne ba. Na tashi na fita, don kada in ɓata muku zama.

Ina miƙa ta'aziyyata ga matarka Anti, da 'ya'yanka uku, da mahaifiyarka. Allah Ya ba ku haƙuri. Yaya, Allah Ya jiƙanka, Ya haskaka kabarinka, Ya suturta ka kamar yadda ka suturta ni. Ina fatan ka yafe mini. Su kuwa waɗanda suka goge sunanka, har yanzu bakina ya kasa yi musu addu'a.