Dangwalen Dela

Dakoro ƙasar hatsi ce da wake da dabbobi, ba ƙasar masara ba. Wanda ya yi sha'awar masara, a bayan ɗaki yake shuka ta, inda indararo ke zubar da ruwa, ya kewaye da ƙaya saboda awaki. Dela matar Rabo dillalin tumaki ta fi shekara talatin tana yin haka.

Daga wani ƙauye na kwarin Maraɗi aka kawo ta. Ta tarar da uwar mijinta, Allah ya jiƙanta, haƙora duk sun zube. In damina ta yi aka gasa masara, tsohuwar sai ta zauna tana kallon masu ci tana haɗiyar miyau. Abin ya tsaya wa Dela a rai. Wata safiya ta karyo ɗanyar masara, ta kankare ƙwayar da wuƙa, ta ɗan farfasa a turmi. Ta soya albasa da man shanu a tukunyar ƙasa, ta sa tattasai da ɗan daddawa, ta juye masarar. Akwai cuku da dangin mijin suka kawo daga daji, busasshe kamar takarda. Ta jiƙa shi a madara, ta daka, ta zuba. Da ta sauke, ta bari tafasar ta kwanta, sannan ta ƙara kindirmo ludayi guda. Abin ya yi kauri, ba miya ba, ba fate ba. Tsohuwa ta gutsuri burodi ta dangwala, ta ci, ta sake dangwalawa, ba ta ɗaga kai ba sai da tukunya ta yi fes.

Daga nan matan unguwa suka sa masa suna dangwale. Duk gidan da aka yi suna ko walima a lokacin ɗanyar masara, sai a aiko wa Dela. Ita kuwa ba ta ƙi. Sharaɗinta ɗaya ne: masarar ta zama wadda aka karyo da safiyar nan, wadda in ka danna da farce nono zai yi tsartuwa. Wadda ta kwana, ta ce, ta riga ta fara zama gari. Akan ajiye tukunyar a kan toka mai zafi tsakiyar tabarma, mata su kewaye, wata da burodi, wata da masa, ana dangwala ana hira.

Mutum ɗaya ce Dela ba ta taɓa dafa wa ba, ita ce Haula, ɗiyarta ta fari. Mutanen zamanin da suna da kunyar ɗan fari, Dela kuwa ta riƙe ta da ƙarfi. Ba ta taɓa kiran sunan Haula ba, sai dai "waccan" ko "yarinyar nan". Tun da aka yaye ta, goggonta ta ɗauke ta zuwa Mai Yara, can ta girma, can aka yi mata aure da wani mushen lakwal, wato malamin makarantar boko. In ta zo ganin gida, gaisuwa ce a taƙaice, kowa na kallon ƙasa. Sau ɗaya Dela ta ji ta daga bayan danga tana ce wa ƙannenta, cikin dariya, "Ni fa labarin dangwalen nan kawai nike ji, kamar labarin Makka." Dela ta ci gaba da tankaɗe. Amma maganar ba ta bar ta ba.

Bara, gab da faɗuwar damina, Haula ta zo gaisuwa. Dela ta lura da yadda take zama, da yadda ta kau da kai sa'ad da aka buɗe gwangwanin daddawa. Ta gane juna biyu ne. Haihuwar fari a gidan iyaye ake yi, ke nan a tsakar gidan nan mata za su taru ranar suna. Ta ƙudura a ranta, in Allah ya yarda, ranar Haula za ta ci dangwale da zafinsa.

Sai dai masara kwana kaɗan take yi tana da nono, ita kuma Dela ba ta san watan haihuwar ba, ba kuma za ta iya tambaya ba. Maƙwabciyarta Uwa, wadda bakinta ba ya da ƙofa, ta ce ita za ta tambayo.

"Ke dai rufa mini asiri," in ji Dela. "In kin tambaya, wa bai san wadda ta aike ki ba?"

Uwa ta je ta tambaya duk da haka. Haula ta rufe fuska da gyale ta shige ɗaki.

"Ɗiyar taki ta fi ki ciwon kunyar nan," Uwa ta dawo tana faɗa. "Ku dai Allah ya shirye ku."

Saboda haka Dela ta raba irinta uku. Ta shuka jeri na fari da ruwan farko. Bayan kwana goma sha biyar ta shuka na biyu. Na uku kuwa sai da mutane suka gama noman fari, har Rabo ya tsaya yana kallonta riƙe da carbi.

"Wagga kuma ta yaushe ce? Ta kaka mai zuwa?"

"Irin ne ya yi saura, Malam."

Haula ta zo goyon ciki, aka gyara mata ɗakin da ke kusa da rumbu. Jeri na fari ya nuna, ba labari. Dela ta dafa shi a sunan gidan Tanimu mahauci, can aka cinye. Na biyu ya nuna, ta yi ta jinkiri tana duban ƙofar ɗakin Haula, har ƙwayar ta yi tauri, aka gasa. Saura na uku, kara goma sha tara, yanzu suka fara goyo. A daidai nan ruwan sama ya ɗauke.

Ruwa a Dakoro ba abin wasa ba ne, ba a ɗebo shi daga famfo a zuba wa kara. Dela ta mai da wurin alwalarta gindin masarar. Ruwan wankin hatsi, can. Ruwan ɗaurayar ƙwarya, can. Rannan Rabo ya nemi butarsa ya rasa.

"Wai mi ya kai butata bayan ɗaki?"

"Can ya fi tsabta, Malam. Ga dutse na aza maka."

Ya dube ta, ya dubi masarar. Tun daga ranar, salla biyar, can yake alwala, har yakan matsa daga wannan kara zuwa wancan.

Ranar wata Talata da hantsi Haula ta sauka lafiya, namiji. Dela ta yi hamdala a ranta, fuskarta ba ta nuna komai ba. Da la'asar ta zaga baya, ta ɗan yaye bawon masara ɗaya. Ƙwayar ƙanana, farare, ruwa zalla. Ta mai da bawon ta rufe. Kwana bakwai ya rage. Yanzu kuma an samu ƙarin ruwa, na wankan jego safe da yamma. Takan tare shi a kwano, ta bari ya huce sarai, ta kai. Duk da haka karan da ke bakin danga suka bushe, iska mai zafi ta sha su.

Ranar suna, bayan an raɗa wa yaro Mahamman an watse daga ƙofar gida, Dela ta shiga da wuƙa. Ta bi su ɗaya bayan ɗaya tana dannawa da farce. Goma sha ɗaya suka yi tsartuwa. A sunan mutane takan kankare sittin.

Uwa ta leƙo ƙwaryar ta riƙe haɓa. "Wannan ai ko ni kaɗai ba ta isa ta. Bari in aika kasuwa, na ga an sauke wata daga kudu."

"Ta kwana uku cikin mota, Uwa."

"To ki gauraya mana! Wa zai sani?"

"Ni."

Ta ɗauko ƙaramar tukunyar, wadda ba ta fi ta mutum biyu ba. Man shanu ya narke, albasa ta yi ja, ƙamshi ya tsallaka danga. Tsakar gida ta riga ta cika da mata, ana ta raba dambu da shinkafa, amma hancin kowa na madafa.

"Dela, mun ji shi fa! A fito da shi!"

"Ni ko karin kumallo ban yi ba saboda shi!"

Da suka ga girman tukunyar, sai guɗa ta koma tsiya. Wata ta ce gidan mai dangwale yau ba dangwale. Wata ta ce ashe na gidan wasu ne ke da albarka. Dela ta sauke, ta jira, ta zuba kindirmo, ta juya a hankali. Ta naɗe tukunyar da tsumma, ta aza burodi a kan murfin, ta miƙa wa Uwa.

"Ki kai wa waccan. Ki ce ke kika yi."

Uwa ta mai da hannuwanta baya. "Ni? Ni na yi alwala a gindin kara wata guda? Wallahi ba ni kai wa. Ko ki kai, ko ya sandare a hannunki."

"Uwa, mutane na kallo."

"Su kalla. Idanunsu ne."

Dela ta tsaya. Daga madafa zuwa ɗakin mai jego bai fi taku ashirin ba, amma duk a kan idon mata ne, cikinsu har da tsofaffin da suka san ba ta taɓa miƙa wa ɗiyar nan ko ruwa a gaban mutane ba. Zafin tukunyar yana ratsa tsumma, ta san ba zai daɗe ba. Ta ce bismilla, ta sunkuyar da kai, ta ratsa tabarmi. Surutu ya ɗauke. Wata tsohuwa ta ce, "Lallai duniya ta canza," wata ta ce mata, "Ke Iya, ci dambunki."

Haula na zaune a bakin gado, an yi mata lalle, jariri na barci a gefe. Dela ta ajiye tukunyar a gabanta, ta ce da bango, "Kada ya huce." Ta juya za ta fita.

Haula ta buɗe murfin. Ta gutsuri burodi ta dangwala. Ta daɗe tana taunawa.

"Inna."

Dela ta tsaya a bakin ƙofa.

"Akwai wani can waje?"

"Babu. Goma sha ɗaya suka yi."

Haula ta dubi tukunyar. Sannan ta raba burodin biyu, ta ajiye rabi a kan murfin, ta tura shi wajen ƙofa.

"To ni ba ni iya cinye shi ni kaɗai."

Ƙarya ce, su duka sun sani, mai jego ce. Dela ta zauna a dokin ƙofa, rabin jikinta a ɗaki, rabi a waje. Ta miƙa hannu ta dangwala. Suka ci, ba mai duban wata. Can Dela ta ce gishiri ya yi kaɗan. Haula ta ce a'a, daidai ne. Dela ba ta yi gardama ba, ta sake miƙa hannu.