Ranar da Na Kai Baba Tigidda

Mahaifina bai yi lakwal ba, wato makarantar boko. Manomi ne kuma makiyayi, a wani ɗan ƙauye arewa da Mayahi, wajen Mairairai. Kakanninmu daga arewa suka gangaro da raƙumansu, suka tarar da ƙasar noma suka zauna. Hausa muke yi a gida, amma in Baba ya ji daɗi ko ya fusata, sai Buzanci ya kufce masa. Da ƙuruciyarsa ya sha bin ayari. A loda gero a nan, a yi kwana da kwanaki a hanya har Tigidda, a komo da gishirin dabbobi. Labarin Tigidda kuwa mun sha shi tun muna yara har ya gundure mu.

A cikin ƴaƴansa maza ni ne ƙarami, ni kaɗai kuma na yi nisa a karatu. Da na je koleji a Tasawa, ƴan birni suka sa ni gaba da tsokana, wai ɗan Buzu mai warin raƙumi. Tun daga nan na koyi rufe bakina. In ana Buzanci kusa da ni, sai in yi kamar ban ji ba. Daga baya na zama malamin makaranta a Tasawar, abin da a wajenmu ake ce wa mushe. Baba kuwa ko a kasuwa muka haɗu sai ya riƙe hannuna ya nuna wa mutane: "Ɗana ne wannan, mushe ne a Tasawa." Ya faɗa wa mai goro, ya faɗa wa mai igiya, har da waɗanda suka san ni tun ina rarrafe.

Wata shekara, lokacin hanyar arewa tana da lafiya, aka tura mu Agadas ƙarin horo na mako guda. Baba ya ji, ya ce zai bi ni ya gano ƙanwarsa da ke aure a can. Ban iya hana shi ba. Ya sauka gidan gwaggo, ni kuma na sauka inda aka sauke malamai.

Ana gobe mu gama, shugabannin horon suka ce sun ɗauki mota biyu, kat-kat masu ratsa rairayi, da ɗan jagora. Za a kai mu Tigidda mu ga inda ake gishiri, a komowa mu ratsa wasu ƙauyuka na gindin dutse, mu shigo Agadas kafin magariba. Da yamma na je gaida gwaggo, bakina ya suɓuce na faɗa. Baba ya ajiye kofin shayinsa.

"Tigidda? Akwai wuri a motar?"

Na ce zan tambaya. A zuciyata addu'a nake kada a samu. Sai ga shi wani malami ya kwanta da zazzaɓi, wurinsa ya zama fili. Ɗan jagoran, wani siririn mutum mai rawani fari, ya ce, "Dattijon da ya bi ayari? Ai ka kawo shi, shi zai koya mana."

Da aka sallame asuba Baba ya iso. Ya naɗa baƙin rawaninsa mai zuba, wanda ke rina masa goshi da yatsu, da tsohuwar riga, da takalmin taya, ga sanda, ga ƴar jakar fata a wuya. Abokan aikina kuwa kowa da baƙin tabarau da waya a hannu. A motarmu akwai wata madam daga Yamai, ita ce babbar mai horar da mu, kuma duk makon ina ta ƙoƙarin in burge ta da Faransancina. Sai malamai biyu, ɗaya daga Maraɗi, ɗaya daga Damagaram.

Ba mu gama fita gari ba madam ta juyo daga gaba, ta yi wa Baba murmushi, ta nuna shi da hannu ta tambaye ni da Faransanci ko mahaifina ne.

Na ce, "Non."

Kalmar ta fita kafin in yi tunani. Maimakon in gyara, sai na ɗora mata, na ce wani tsoho ne na garinmu, na taimaka masa ne don ya daɗe yana son ganin wurin. Madam ta ce lalle ina da kirki. Baba ya dube ni sau ɗaya, ya maida fuskarsa taga. Na ce wa kaina ai ba ya jin Faransanci.

Muka bar kwalta muka shiga fili, ƙasa shimfiɗe ba itace sai jefi-jefi. Ɗan jagora yana bayani da Faransanci, Baba yana nasa da Hausa, da ƙarfi, kamar yana kiran wani a gona. Ya ce can bayan wancan tudun akwai rijiya mai ruwan zartsi, a nan raƙuminsu ya taɓa karyewa suka yanka shi. Ɗan jagora ya waiwayo ya tambaye shi wani abu da Buzanci, nan take hira ta ɓarke tsakaninsu. Na ja hannun rigar Baba na ce, "Malam, a bari mutane su ji bayani."

Malam na ce masa. Kowane tsoho a ƙasar nan ana ce masa Baba, da na faɗe ta ba wanda zai gane komai. Amma ko ita na kasa. Bai ƙara nuna mana wani wuri ba har muka isa.

Da hantsi muka shiga Tigidda. Gari ne na jar ƙasa, gidaje gajeru, a bayansu tsibin ƙasa kamar duwatsu, wadda aka riga aka tatse gishirinta aka zubar. Da muka hau tsibin sai ga ramukan gishirin a ƙasa, zagayayyu, birjik, wasu ja, wasu ruwan ƙasa, wasu sun yi fari fat. Maza suna cikin manyan ramuka suna kwaɓa ƙasa da ruwa da ƙafa, mata suna sunkuye a kan ƙananan suna kwashe abin da rana ta busar. Duk abin da Baba ya ba mu labari ga shi nan, ban taɓa zaton haka girmansa yake ba.

Baba ya tuɓe takalmi ya gangara. Ya bi ƴan siraran hanyoyin da ke tsakanin ramukan ba tare da ya dubi ƙafarsa ba. Ya tsuguna ya lakato da yatsa ya ɗanɗana, ya ce wa wata mata wannan da sauran kwana biyu. Ta yi dariya ta ce gaskiyarsa. Ɗan jagora ya tara mu ya ce shi dai ya yi shiru, ga wanda ya fi shi sani. Madam ba ta jin Hausa sosai, ta ce in riƙa fassara mata.

Haka na tsaya cikin rana ina juya maganar ubana zuwa Faransanci. Yadda ake auna gero da gishiri, yadda ake naɗe shi a tabarma don kada ya farfashe a bayan raƙumi, shekarar da ruwan sama ya zo ba zato ya narkar da aikin gari duka. Na san kowane labari, na san inda zai tsaya ya yi tari. Sau biyu na riga shi, na fassara abin da bai kai ga faɗa ba. Malamin Maraɗi ya dube ni.

Baba ya tambayi mai masaukinsu na da. Aka ce ya daɗe da rasuwa, amma ƴarsa tana nan. Aka kira ta, ita ma ta tsufa. Da ya kwatanta mata ubangidan ayarinsu sai ta tafa hannu, ta ce ta tuna, su ne masu kawo musu barkono da kuka. Ta shiga gida ta fito da ƙaton allon gishiri ta ba shi. Yana da nauyi, na ga yana neman rinjayar Baba. Na dubi farar rigata na tsaya. Ɗan jagora ne ya karɓa ya kai mota.

Bayan azahar muka kama hanyar komowa ta wajen duwatsu. Ƙauyen farko yana manne da gindin wani baƙin dutse, da idon ruwa a ƙasansa, da ƴan lambuna na dabino da albasa. Mai garin ya sa aka shimfiɗa mana tabarmi a inuwa, aka ɗora shayi. Ya zaunar da Baba kusa da shi suna hira da Buzanci, ni ina gefensu ina danna waya kamar ba na ji. Can mai garin ya nuna ni da haɓa ya ce, "Wannan fa? Na ga kuna ɗibar kama. Naka ne?"

Baba ya kurɓi shayi. Ya ce, "Malamin lakwal ne na wajenmu. Yana da kirki, shi ya kawo ni."

Ya faɗe ta a hankali, ba fushi a muryarsa. Kuma ya san ina ji, don shi ya koya mini harshen. Na ajiye kofin da ke hannuna. Ɗan jagora da ke zuba shayi ya ɗago ya dube ni, ya ci gaba da aikinsa.

Ƙauye na biyu ban iya tuna komai nasa ba, sai hawan dutsen. Aka ce mu hau mu hango kwarin daga sama. Kowa ya yi gaba da wayarsa, Baba ya rage a baya yana dogara sanda, yana tsayawa yana haki. Na komo na kama hannunsa na ce, "Baba, riƙe ni."

Ya zare hannun, ba da ƙarfi ba. Ya ce, "Je ka wurin mutanenka, kada su neme ka. Ni zan zauna nan."

Na zauna kusa da shi a kan dutsen. Muna nan har suka sauko.

A mota, rana ta yi sanyi, kowa ya gaji. Na yi ta juya maganar a bakina har muka hango kwalta. Sannan na ce, da Hausa tukuna, na maimaita da Faransanci, "Ɗazu ƙarya na yi. Wannan mahaifina ne."

Malamin Damagaram ya fashe da dariya ya ce, "Haba mushe, wa ka ruɗa? Ai hancin nan guda ne." Na Maraɗi ya taka masa ƙafa ya yi shiru. Madam ba ta dube ni ba. Ta juyo gaba ɗaya ta gaida Baba da ƴar Hausarta, ta ce, "Sannu Baba, mun gode, yau kai ne malaminmu." Baba ya amsa mata da fara'a. Ni kuwa har muka rabu ba ta sake ce mini komai ba, sai sallama.

Washegari muka hau motar gida, gishirin yana ƙarƙashin kujerarmu. Mun wuce Adarbisinat na ce, "Baba, abin da na yi jiya..."

Ya ce, "Faransanci ban san shi ba. Amma ‘non’ na san ta, jandarmomi sun sha faɗa mana ita a hanya." Ya gyara rawaninsa ya rufe ido. Ban sani ba ko barci ya yi.

Na raka shi har ƙauye na koma Tasawa. Bayan mako biyu na zo hutu, na tarar da Inna tana sussuka a bayan gida. Ta ce tun da muka komo Baba bai bar labarin tafiyar ba, duk wanda ya zo sai ya ji, kuma ya farfasa gishirin ya aika wa tsofaffin abokan ayarinsa kowa da ɗan guntu. Na gane bai gaya mata ba. Na zauna a kan wani turmi na faɗa mata da bakina.

Ta ajiye taɓarya. Ta ce, "A mota ka ba shi haƙuri, kuna zaune kafaɗa da kafaɗa? Tashi ka same shi a gona ka durƙusa."

Na same shi yana tattara kara. Na tuɓe takalmi na durƙusa a cikin ƙasa, na ce ya yafe mini. Kuka ya zo mini irin wanda rabona da shi tun ina yaro. Ya bar ni na yi mai isata. Sannan ya ce, "Na yafe tun a kan dutsen nan, da ka zauna. Tashi. Amma kada yayyenka su ji, ba za su ɗauke ta yadda na ɗauke ta ba."

Ban gaya musu ba har ya rasu, shekara huɗu bayan haka. Bara, da na je gida da Sallah, muna zaune da babban yayanmu a ƙofar gida, na ba shi labarin tun daga farko. Ya saurara har na gama, yana murza wata ƴar igiya a hannunsa. Ya tambaye ni ko ramukan gishirin suna da yawa kamar yadda Baba yake faɗa. Na ce sun fi haka. Ya gyaɗa kai, ya ce lokacin shayar da dabbobi ya yi, ya tashi ya ɗauki guga. Na bi shi rijiya, ya bar ni na ja masa ruwa.