Goron Yaya Barnaba

Sunana Martin Ɗanbaba, amma in ka shigo Samaru kana tambayar Martin za ka sha yawo. Ka ce Farfesa, ko mai shayin bakin kasuwa zai nuna maka ƙofata. Ban taɓa koyar da kowa ba. Shekara talatin da ɗaya na yi ina wanke kwalabe a ɗakin gwaje-gwaje na jami'a, ina manna musu takarda, ina rubuta lamba. Sai dai wanda ya daɗe kusa da masu ilimi yakan ɗauki tafiyarsu ko bai ɗauki karatunsu ba, ni kuwa har gyaran muryarsu na ɗauka. Na yi shekaru ina amsa sunan nan da fara'a kafin matata Clara ta gaya mini ba'a ce.

Lakcata guda ɗaya ce a duniya: asali. Mu mutanen wata 'yar unguwa ne a bayan Bomo. Kakana Ɗanbaba manomi ne, 'ya'yansa maza biyu, tagwaye, babana da baban Yaya Barnaba. Ba su yi kama ba ko kaɗan, babana dogo, ɗan'uwansa gajere, amma tsagarsu ɗaya ce, uku-uku a kumatu. Kuma kakanninmu daga gabas suka zo. Wa ya faɗa? Kowa ya faɗa. Ka taɓa ganin gidan Bahaushen da ya ce daga bayan gari ya zo? Ni dai shaidata tana tsakiyar fuskata, hanci ne Allah ya ba ni har baka. Da shi nake raba mutanen Zariya gida biyu, 'yan ƙasa da baƙi. In na shiga Sabon Gari kowa baƙo ne a wurina, har wanda kabarin kakansa ya girmi babana.

Yaya Barnaba shi ya zauna a gida yana noma gandu. Gajere ne, baƙi, hanci kamar an zauna a kai, bakinsa kullum ja da goro. Magana ba ta dame shi ba. Kowace kaka yakan ɗauro buhun dawa a bayan keke ya kawo mini Samaru, ya sauke a ƙofa ya ce, "Mati, ga rabon ɗakin babanka." Ni ban taɓa riƙe fartanya ba tun ina firamare. Amma buhun nan ya fi mini takardar fansho, don shi yake cewa har gobe ni ɗan gidan ne, kuma in na mutu akwai wurina kusa da babana.

A shekarar 2007 sai ga Daberechi. 'Yar Sabon Gari ce, babanta yana gyaran keken ɗinki a Dogarawa. A sashenmu ta yi karatu, kwalabenta nawa na wanke. Ta tafi Turai ta dawo da digirin dokta da wata kula mai ƙanƙara, tana neman maza su ba ta abin da za ta goge daga cikin kumatunsu. Na yi mata sannu da zuwa da Turanci, kamar yadda nake yi wa baƙi. Ta amsa mini da Zazzaganci wanda ya fi nawa tsabta.

Ta zaunar da ni ta yi mini bayani. Ta ce a cikin ƙwayoyin halittar namiji akwai wani yanki da uba yake miƙa wa ɗansa yadda ya karɓa, ɗan ya miƙa wa nasa. Sau ɗaya a dubban shekaru sai wani ɗan canji ya faru a jikin mutum guda, duk zuriyarsa maza su gaje shi.

"Kamar tsaga ke nan," na ce.

"Kamar tsaga, Baba, sai dai babu wanzami."

Da waɗannan alamomi, in ji ta, ake bin sawun mutanen dā. Tushen kowa Afirka ne. Wasu suka fita suka bazu a duniya. Akwai kuma wani reshe da ake kira R, wanda masana suke ganin ya yi zamansa a Asiya ya komo Afirka, har ana samunsa a wajen Tafkin Chadi da ƙasar Hausa. Tabɗijam! Ban ji sauran maganar ba. Na shafa hancina na ce mata ta buɗe kula.

Da ma a nan na tsaya. Amma ina! Masu ilimi ba sa yarda da shaida ɗaya, don haka na ce sai an gwada Yaya Barnaba, kuma sai an kawo mini sakamakon mu biyu in karanta wa dangi ranar Kirsimeti. Daberechi ta ce ita ba ta son ɗaukar 'yan gida ɗaya.

"Baba, gwajin nan yakan tono abin da ba a aike shi ba."

Na ce a gidanmu babu abin tonowa. Na ɗauke mata kula na yi gaba, na raka ta ƙauye bakwai ina lallashin tsofaffi su buɗe baki, har kunya ta sa ta yarda.

Sharaɗin ɗaya ne, kada a ci komai awa guda kafin a goge kumatu, balle goro. Na aika wa Yaya Barnaba, na nanata. Ranar farko ya zo baki ja wur. Ya ce ya manta. Mako ya zagayo, ya sake zuwa yana tauna, har yana miƙa wa Daberechi ɓari. Kai, raina ya ɓaci! Na wanke shi tas a gaban yarinya, na ce irin wannan duhun kai ne ya hana ƙasar nan ci gaba. Mutumin da ya goya ni zuwa makaranta fa. Ya sunkuyar da kai ya ce, "Mati, da ka bar abin nan." Na ɗauka tsoron allura yake ji. Karo na uku na bi shi har gona, na laluba aljihunsa na ƙwace goro uku, na zauna ina gadinsa da agogo a hannu kamar mai gadin jarrabawa. Da awa ta cika ya dube ni ya daɗe, sannan ya buɗe baki. Ni na rufe kwalaben biyu, ni na rubuta musu lamba da hannuna.

Bayan wata biyar, ana cikin girbi, Daberechi ta zo gidana da takarda. Ba ta zauna daidai ba.

"Baba Barnaba reshen R ne," ta ce. "Kai kuma E."

"E na ina?"

"Na nan. Shi ya fi yawa a Afirka ta Yamma, daga Hausa har Yarbawa har mu Ibo. Babana ma shi ne."

Na yi dariya irin ta manya. Na ce kwalabe aka musanya, duk mai ido zai ga wanda ya zo daga gabas tsakanina da Yaya. Ta tuna mini wanda ya rubuta lambobin. Ta ce hanci ba ya cikin lissafin, kuma harafin ba ya cewa wane Bahaushe ne wane ba Bahaushe ba, labarin dubban shekaru ne. Abu ɗaya kawai takardar ta faɗa a kanmu, ta ce da murya ƙasa-ƙasa: ni da Yaya Barnaba ba kakanmu ɗaya ba ta wajen uba.

Ku ji abin da Farfesa ya yi da wannan. Na tsaya a kan cewa kwalabe sun musanya, R nawa ne. To in kakanmu ba ɗaya ba, wane ne bare? Ai a fili take. Allah sarki Yaya Barnaba! Kwana uku ina jin tausayinsa. Har na shirya jawabin da zan yi masa, cewa ni ba mai wulaƙanta mutum ba ne, ya ci gaba da noma gandunmu. Clara ta ce in rufa wa kaina asiri in ƙona takardar. Na ce mata ba ta san kimiyya ba.

Mutum ɗaya ta rage daga zamanin iyayenmu, Gwaggo Alisabatu, ƙanwar babana, tana zaune wurin 'yarta a Jushi, shekarunta tamanin. Na same ta da hantsi tana tsince wake a faifai. Na gaishe ta, na yi kewaye-kewaye, sannan na rage murya na tambaye ta ko marigayiya uwar Yaya Barnaba ta taɓa yin wata doguwar tafiya ita kaɗai.

Gwaggo ta ajiye faifan.

"Kai Mati. Matar da ta yi wa uwarka wankan jegonka kake wa wannan tambaya? Gwano ba ya jin warin jikinsa. Zauna ƙasa."

Na sauka daga kujera na zauna a ƙasa, da shekara hamsin da bakwai.

Ta ce a shekarar annobar mura, kafin a haife ta, kakana yakan kawo dawa a jaki kasuwar Sabon Gari. Akwai wani leburan reluwe, mutumin kudu, dogo, mai sayen mudu biyu a wurinsa. Ba sa jin yaren juna sosai, amma sukan raba goro. Wata rana kakana ya neme shi bai gan shi ba, ya bi har bukkarsa. Ya tarar matar mutumin ta rasu, shi kuma yana kwance, ga jariri a gefe ya yi kuka har murya ta tafi. Mutumin ya ɗaga yaron ya miƙa masa. Kakana ya sa shi a cikin mangalar jaki ya kawo gida. A lokacin kakata tana goyon ɗa na wata uku. Ta karɓe shi ta sa a ɗaya nonon. Da maƙwabta suka yi tambaya ta ce tagwaye ta haifa, ɗayan ne ya makara a hanya. Kakana ya kira wanzami aka yi wa yaran tsaga rana ɗaya, kuma daga ranar babu wanda ya sake tambaya.

"Babana ke nan?"

"Wana ke nan," ta ce. "Ka iya bakinka."

Na tambaye ta sunan mutumin. Ta ce Mai Shebur ake ce masa. Bayarabe ne, Ibo ne, ko daga ina, babu wanda ya riƙe. Ni da nake ƙirga kakanni har Bahar Maliya, ga inda layina ya tsaya, a kan shebur, a Sabon Garin da nake kira garin baƙi. Hancin ma ashe nasa ne.

"Wa ya sani?"

"Kowa. Babanka ya sani. Da zai rasu ya kira Barnaba ya ce kada a gaya maka, wai kai abu kaɗan ne yake karya ka, kuma bakinka ba ya riƙe ruwa."

Sai goron nan ya faɗo mini a rai. Mutumin da bai taɓa manta ranar shuka ba, shi ne zai manta sau biyu? Wallahi kunya ta kama ni har na kasa ɗaga kai. Na yi kuka a gaban tsohuwa, ita kuwa ta ci gaba da tsince wakenta.

Na dawo Samaru na kasa zuwa Bomo. Me zan ce? Shekara talatin ina cin dawar gandun da ba na kakana ba, ina kuma raina mai noma ta. Na yanke shawara a raina cewa bana ba zan karɓi buhun ba, kuma maganar kabari kusa da babana sai abin da suka ce.

Ranar Asabar da la'asar na ji ƙarar keke a ƙofa. Na fito. Yaya Barnaba ne, yana haki, yana kwance igiya daga buhu. Abin da na yi niyyar faɗa duk ya gudu.

"Yaya, na je wurin Gwaggo."

"Ta aiko mini."

"Ka yafe mini. Buhun nan kuma, gaskiya ba ni da..."

"Mati." Bai ko juyo ba. "Nonon da ubana ya sha shi ubanka ya sha. Yarinyar nan tana da kwalbar da take auna wannan?"

Na ce babu.

"To kama mini bakin buhu, na tsufa."

Na kama. Muka shigar da shi muka jingina a inda muke jinginawa kowace shekara. Ya share gumi, ya laluba aljihu ya fito da goro ɗaya, ya ɓare shi, ya miƙo mini rabi. Ni ba na cin goro, na sha gaya wa mutane yana ɓata haƙora. Na karɓa da hannu biyu na sa a baki.

"Ga rabon ɗakin babanka," ya ce, ya juya kekensa.