Sunan da Na Sa wa Mai Gudu a Majigi

Har yau ranar da na yi wa majigi tafinta ba ta fita daga raina ba. Tsakiyar shekarun sittin ne, cikin Muharram, alhazai sun watse. Ina tafintar Hausa da Larabci a unguwar Utaibiyya ta Makka, gidan wani muɗawwifi, wato mai saukar da alhazai yana yi musu jagora. Ƙa'idar aikin ɗaya ce: abin da aka faɗa shi za ka mayar, ba ƙari ba ragi.

Babu gidan sinima a Makka, amma maigida yana da ƙaramin majigi da ya sayo a Jidda, da tsofaffin finafinan Turawa marasa magana. Bayan la'asar ya sa aka rufe tagogin ɗakin ajiyar tantuna, ya tara ma'aikata, yawancinmu Hausawa, da wani baƙonsa da na ɗauka Balarabe ne, ya ce in riƙa yi wa mutane bayani da Hausa.

Wani siririn mutum ne 'yan sanda ke bi. Ya ture kwandon ƙwai, ya faɗa baho, su kuma suna ta karo da juna. Ba abin da ke neman fassara. Amma ni da son a ce na iya baki, sai na ce, "Ga Baba Idi, ranar da askarawa suka tambaye shi iƙama a Mina."

Baba Idi ɗan dakonmu ne, Basakkwace, shekara ashirin yana Makka ba iƙama, wato takardar zama. Burinsa ɗaya, a binne shi a nan. Ɗaki ya ɗauki dariya, ni kuwa na yi ta ƙara gishiri, har da tantin da ya ɓuya a ciki. Baba Idi kaɗai bai yi dariya ba.

Da aka buɗe tagogi, baƙon nan ya gaishe ni da Hausa tsantsa. Ashe iyayensa Hausawa ne da suka zo ta Sudan, kuma a ofishin takardun zama yake aiki. Kwana uku aka zo aka tafi da Baba Idi.

Na bi shi Jidda kafin jirgin ruwan da zai mayar da shi gida ya tashi, ina kuka ina roƙon gafara. Ya ce, "Na yahe maka, Sale. Amma da ka bar mutumin ga ya yi gudunai ba suna."

Ku da kuke shiga aikin yanzu, na ƙara shekara talatin ina tafinta, ban sake ɗora kalma ɗaya a kan abin da aka ba ni ba. Ladabin da na koya bai amfani Baba Idi da komai ba. A Sakkwato aka binne shi.