Andrawus Mai Gadin Rufi

Andrawus mutumin Fadan Kagoma ne. Bayan yaƙin basasa ya zo Kafanchan da gwiwa mai ciwo, wani ɗan kasuwa, Mista Nicholas, ya ɗauke shi gadin sitonsa na citta a bayan tashar jirgi. Aikin nan ne ke riƙe da 'yarsa Clara a makarantar kwana. Yana yinsa lafiya lau, har ranar da aka kawo wani tsohon fim na Japan silima.

Fim ɗin duk ya kakkarce, kuma ba mai jin yaren. Amma Andrawus ya gane komai. Zamanin samurai ne, masu takobi biyu a ƙugu. Sarki ya jera su a ƙofa, 'yan leƙen asiri kuwa suka rufe fuska da baƙin ƙyalle suka bi ta kan rufi kamar kyanwa. Wani ma shigar makaho ya yi.

"Afiniki," ya ce wa matarsa, "ashe duk shekarun nan ƙofa nake gadi kamar wawa."

"To sama za ka koma, Baban Clara?"

Saman kuwa ya koma. Ya kafa tsani, ya ɗora kujerarsa a kan kwano, ya watsa ɓawon gyaɗa a gindin bango don ya ji sawu. Awaki suka ji daɗi. Wani makaho da ke bin hanyar kullum sai da ya canza hanya saboda binciken Andrawus.

Wata Talata da rana tsaka, babbar mota ta tsaya a ƙofa. Direba ya ɗaga kai ya gaishe shi da yaren Kagoma, ya tambayi gwiwa, ya ce Oga ne ya aiko a kwashe kaya. Andrawus ya ƙare masa kallo: fuska a buɗe, ba sanɗa, har yana dariya. Ya sauko ya buɗe, ya kama wa direban da yaransa lodi da gwiwar tasa.

Mista Nicholas ya dawo daga Kagarko ya tarar da sito wayam.

"Andrawus, wa ya shiga nan?"

"Ta sama dai, Oga, ko ɓera bai shiga ba."

A ranar aka sallame shi. Clara ta dawo gida da akwatinta, suka koma Kagoma noma. Har ya tsufa bai taɓa ganin laifin fim ɗin ba. Cewa yake yi ɓarayin Kafanchan ne ba su san ƙa'idar aiki ba.