Matar Da Ta Gasa Muryar Babana

Kowace safiya Vernell Crabtree kan sauka ɗakinta a ƙarƙashin wani tsohon situdiyo a nan Nashville, ta buɗe kwalin tef ta shinshina. Da hanci take fara aiki. In ta ji warin danshi sai ta ce, "Wayyo, wa ya yi maka haka?" Da tef ɗin take magana, ba da kai ba. Shekara da shekaru tana ceto muryoyin mawaƙa, ba a taɓa buga sunanta a bayan faifai ba. Makon nan za ta ajiye aiki, ni kuwa wallahi ba zan yi shiru ba.

Wa bai san waƙar "Gadar Caney" ba? Manya sun rera ta, ƙanana sun rera, har a biki da jana'iza ana yin ta. To babana, Delmer Tackett, shi ya fara ɗaukar ta, kamfanin faifan kuma ya rushe kafin tasa ta fito. Daga baya ciwon maƙogwaro ya cinye masa murya, sai raɗa. Har zuwa bara, 'yata ba ta taɓa jin kakanta yana waƙa ba.

Bara aka tsinci tef ɗin a garejin matar marigayi mai gangar ƙungiyar su Baba, guda ɗaya tal a duniya, ya yi danƙo. Na kai wa Vernell tare da wana Royce, sarkin garaje, wanda ya miƙa hannu zai ɗora shi a na'ura. Ta make hannun.

"Kai, cire! Ka juya shi yanzu, muryar ubanka ta manne a ƙarfe kamar ƙanzo."

Sai ta ɗauka ta sa a na'urar busar da naman barewa.

Na ce, "Mis Vernell, gasa shi za ki yi?"

"Ko kin fi so in soya? Zafi kaɗan ke ƙafar da danƙon. Je ki gida, 'yar nan. Amma ki sani, wataƙila sau ɗaya zai yarda ya juya."

Kwanakin nan ko abinci ban ji daɗinsa ba.

Ranar da tef ɗin ya huce muka zo da Baba. Tef ya fara juyawa, shuuu, ba komai. Can sai jita, sai muryar wani saurayi ta cika ɗakin, garau. Vernell ba ta ɗago ba sai da amo na ƙarshe ya mutu, sannan ta ce, "Na kwafe." Na zube a kujera na yi ta kuka, kukan daɗi.

Baba ya jawo ni ya raɗa, "Yaron nan ya iya waƙa. Mai jitar ne ke gaggawa."

Mis Vernell, ke ce mai haƙurin da ya fi namu. Ke ce kika ƙi gaggawa ranar da gaggawa za ta kashe mana murya. Mun gode, Allah ya ba ki hutu mai daɗi. Ku kuma masu tasowa, ku je ku zauna kusa da ita tun tana da ƙarfin make hannu.

Jiya aka sa waƙar a rediyon mota, da muryar wani shahararre. 'Yata ta miƙa hannu ta rage sauti, ta ce, "Mama, ba haka Kaka ya yi ta ba."